Me ya hana jirgin jet zuwa sararin samaniya kamar roka?

Tambaya: Malam, jirgin jet da roka duk wuta suke fesowa ta baya. To me ya sa roka ke kaiwa sararin samaniya, shi kuwa ba ya kaiwa? Sannan can inda babu iska, me rokar ke tokara har ta yi gaba?

Amsa: Malam mai tambaya, bari in fara da ta biyun, don nan mutane suka fi tuntuɓe. Roka ba ta tokarar komai a waje. Duk wanda ya taɓa harba bindiga ya san yadda take dukan kafaɗa, harsashi ya yi gaba, ita ta yo baya. Haka injin ke cilla iskar gas mai zafi baya da ƙarfin gaske, ita kuma ta ingiza shi gaba. Isaac Newton ya bayyana wannan doka tun 1687. Hasali ma roka ta fi ƙarfi inda babu iska, domin ba abin da ke danne bakin bututunta. Jaridar New York Times ta yi wa Robert Goddard, masanin roka ɗan Amurka, ba'a kan wannan batu a 1920, ba ta janye maganarta ba sai a Yulin 1969, kumbon Apollo 11 na kan hanyar wata.

Bambancinsu yana wajen numfashi. Wuta ba ta ci sai da iskar oksijin. Injin jet mai kawai yake ɗauka, dangin kananzir. Iska kuwa zuƙo ta yake ta gaba, jerin fankoki su matse ta tam, a fesa mata mai, wuta ta kama. Gas ɗin da ke fita shi ke juya turbin, wato wata fanka da ke bayan injin, turbin ya juya fankokin gaba, aiki ya ci gaba. Amma oksijin kashi 21 cikin 100 ne na iska, kuma ana hawa sama iskar na raguwa. Jiragen fasinja suna tafiya ne a tsayin kilomita 10 zuwa 12. In aka matsa can ƙololuwa, wutar injin za ta mutu, fukafukan ma su rasa abin da zai ɗauke su.

Roka kuwa da guzurinta take tafiya, mai da oksijin duka. Sanyaya oksijin ake yi zuwa digiri 183 ƙasa da sifili a ma'aunin Celsius har ya zama ruwa. Rokar Saturn V, wadda ta ɗaga Apollo 11, tana tashi tana cinye guzuri kusan tan 13 a kowace daƙiƙa, fiye da kashi biyu cikin uku oksijin ne. Wannan nauyi shi ya sa a ganina ba hikima ba ce a ɗora roka inda iska take a wadace. Sai dai zagaya duniya a sararin samaniya na buƙatar gudun kusan kilomita 28,000 a sa'a, kuma ba injin jet ɗin da ke kusantar haka.

Akwai masu haɗa biyun. Makami mai linzami Tomahawk ƙaramar roka ce ke ɗaga shi, ta faɗi, injin jet ya karɓa.