Zabiya, jaji, da waƙa a bakin mai ita

Assalamu alaikum. Tambayoyin da suka taru wannan karon kusan duk a kan mata masu waƙa suka faɗo, to bari mu bi su yadda suka zo.

Wata 'yata daga Funtuwa ta ce: "Malam, na rubuta waƙa na karanta a taron makarantarmu, da na sauko wani ya ce min ashe ke zabiya ce. Yabona ya yi ko zagina?"

'Yata, ban san abin da ke zuciyarsa ba amma dai kalmar bai ajiye ta a gurbinta ba. Zabiya ita ce macen da ke waƙa da baka a gidan biki ko suna ko a fada, tana yabo tana kirari ana rangaɗa guɗa ana yi mata kari, kuma sana'a ce mai tsohon tarihi wadda ba kowace mace ke da murya da ƙarfin zuciyar yin ta ba, don haka ni ban ɗauke ta zagi ba. Akwai kuma ɗaya ma'anar da kowa ya sani ta mutumin da aka haifa da farar fata fat, wannan daban ne. Ke da kika zauna da alƙalami kika auna baitoci kika daidaita amsa-amo, sunanki marubuciyar waƙa, in ana son ta Larabci a ce sha'ira. Abin da ke damuna shi ne yadda mutane suka mayar da duk macen da ta buɗe baki da waƙa zabiya, alhali namiji kuwa sai ka ji ana rarrabe masa, wannan makaɗin fada ne, wancan maroƙi ne, wancan sha'iri ne. Ko 'yar garinku marigayiya Barmani Choge da ta rasu a 2013 na sha jin ana ce mata zabiya, alhali ita kiɗan amada ta yi suna da shi.

Wani daga Maraɗi: "Mene ne amada?"

Kiɗan ƙwarya ne na mata, a kife ƙore ana bugawa, wata a kife ta cikin ruwa don ta ba da amo mai zurfi. Ka nemi faifan Barmani ko na Uwaliya Mai Amada ka saurara, kunnenka zai fi ni yi maka bayani.

Wata malamar Islamiyya daga Zariya ta ce: "Ina jin ana cewa Nana Asma'u tana da jajoji. Mene ne jaji? Kuma me zan karanta in san ta sosai, ita da sauran mata irinta?"

Malama, Allah ya yi miki albarka da wannan tambaya. Jaji kalmar fatake ce tun asali, shi ne mai shiga gaban ayari yana nuna hanya. Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864, ita ta ɗauki kalmar ta ɗora wa dattijan matan da take koyarwa a Sakkwato, ta naɗa musu malfa da jan rawani, su kuma su koma ƙauyukansu su tara mata su biya musu abin da suka haddace, su kuma jagoranci ayarin mata su zo wajenta ɗaukar karatu. Waɗannan ɗalibai su ake kira 'Yan Taru. Ki dubi hikimar zaɓen kalmar, ba ta ce musu malamai ba, ta ba su sunan da duk macen ƙauye ta san ma'anarsa tun tana yarinya, wato ga wadda za ki bi ba za ki ɓata ba. Kuma littafin karatun nasu waƙa ce, don matar da ke daka da surfe da raino ba ta da hannun riƙe takarda amma tana da kunne da baki.

To a nan ne nake da ƙorafi, kuma na daɗe da shi. Sunan Nana Asma'u ya cika gari, makarantu da ɗakunan kwanan ɗalibai da ƙungiyoyi duk ana sa musu, duk mai jawabi a kan ilimin 'ya mace sai ya ambace ta, amma ka tsayar da shi ka ce kawo min baiti ɗaya nata sai ka ga ana sosa ƙeya. Na taɓa zama a wani taro aka shafe fiye da awa biyu ana yabon ta, babu wanda ya rera ko ɗango ɗaya, wallahi na fito raina a ɓace. Ita kuwa ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa, na Hausar ma da ajami ne don talaka ya ji. Ki fara da Waƙar Gewaye, wadda ta bi rayuwar Shehu da hijira da yaƙe-yaƙen jihadi, za ki ga tarihi a bakin wadda tana yarinya aka yi hijirar Gudu da ita a 1804. Sai Tawassuli ga Mata Masu Albarka, inda ta jero matan Manzon Allah (SAW) da waliyyai mata irin su Rabi'atul Adawiyya har ta gangaro kan matan da ta sani da idonta a cikin jama'ar mahaifinta. Tana da wata da ta jera sunayen surorin Alƙur'ani 114 a cikinta don sauƙin hadda. Tabbat Haƙiƙa kuwa da ake ji a bakin almajirai da makafi masu bara, asalinta ta Shehu ce da Fulatanci, Nana ce ta mayar da ita Hausa, mutane da yawa suna rera ta ba su san hannun mace ya bi ta kanta ba.

Inda za ki same su a haɗe shi ne babban kundin da Jean Boyd da Beverly Mack suka fitar a 1997, Collected Works of Nana Asma'u, akwai matanin waƙoƙin da harsunansu na asali ga kuma fassarar Turanci. Littafi ne mai kauri kuma ba a kowane shago ake samunsa ba, ki gwada laburaren jami'a. In tarihin rayuwarta kike so, Jean Boyd ɗin, wadda ta yi shekaru masu yawa tana koyarwa a Sakkwato, ta rubuta The Caliph's Sister a 1989, su biyun kuma suka sake yin One Woman's Jihad a 2000, wannan ya fi sauƙin karantawa. Amma ina roƙonki kada ki tsaya kan fassarar, ki koma Hausar ki karanta da ƙarfi ko da wasu kalmomin Sakkwatanci na da za su yi miki nauyi, a nan karin waƙar yake.

Kada kuma a ɗauka daga Nana sai aka rufe ƙofa. Akwai ɗan littafin nan Alƙalami a Hannun Mata da kamfanin ɗab'in littattafai na NNPC na nan Zariya ya buga a 1983, waƙoƙin Hauwa Gwaram da Hajiya 'Yar Shehu ne, mata biyu na ƙasar Kano da suka yi waƙa a kan al'amuran zamaninsu da wayar da kan jama'a. Ni a hannun wata gwaggota na fara ganinsa, bangon ya yage ta ɗinke shi da zare da allura, tana ajiye shi cikin kwalla tare da turarenta, in ta ɗauko sai ka ji takardun suna ƙamshi. Ba ta karanta shi da ido kawai, rerawa take yi a hankali tana kaɗa ƙafa. Beverly Mack ta sake yin wani a 2004 mai suna Muslim Women Sing a kan waɗannan matan da mawaƙan baka na Kano, shi ma ki nema.

Wani ɗalibi daga Kumasi: "Mene ne bambancin baiti da ɗango?"

Ɗango layi ɗaya ne, baiti kuwa tarin ɗangogin da suka tafi tare. In biyu ne a ce waƙar ƙwar biyu ce, in biyar ne ƙwar biyar.

Wani ɗan'uwa daga Gusau ya ce: "Karin maganar nan waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, ina jin 'yan jarida suna yawan faɗa. Daidai suke amfani da ita?"

Wani lokaci daidai, wani lokaci a'a. Ma'anarta mai abu shi ya fi kowa iya bayanin abinsa, don haka in ɗan rediyo zai miƙa wa wanda abin ya faru a kansa magana ya faɗe ta, ya yi daidai. Inda ake kuskure shi ne a faɗe ta sannan a miƙa wa kakaki ko wakili ko wani mai sharhi, to ai wannan ba mai ita ba ne, aro ya yi. Kuma a daina yanke ta ana cewa "waƙa a bakin mai ita" a yi shiru kamar sauran kalmomi ukun suna da tsada. Ita ce ma dalilin da ya sa na matsa wa malamar Zariya ta karanta matan nan da kansu, don an yi rubutu a kansu da yawa, na kirki ma, amma wanda ya karanta sharhi goma bai ji baitin ba har yanzu bai ji muryar Nana ba.

Wata daga Damagaram: "Marsiyya Hausa ce?"

Daga Larabci muka aro, waƙar makoki ce da ake yi wa mamaci ana ambaton halayensa na gari. A wajen Larabawa Khansa'u ce ta yi fice a kanta saboda waƙoƙin da ta yi wa ɗan'uwanta Sakhru. Nana Asma'u ma ta yi da dama, ta yi wa ɗan'uwanta Sarkin Musulmi Muhammadu Bello da ya rasu a 1837, ta yi wa mijinta Waziri Giɗaɗo, ta yi wa aminiyarta A'isha. Ta A'ishar nake so ki fara nema, 'yata, tana cikin kundin 1997 ɗin da na ambata.