Rubutuna ya ɓace, ƙ ta koma wata alama: amsoshi kan manhajojin rubutu na waya

Tambayoyin wannan makon kusan duk a kan manhajojin rubutu na waya suke, musamman daga masu rubuta labarai da ɗalibai. Na zaɓi waɗanda suka fi maimaituwa.

Tambaya daga wata marubuciya a Kano: Malam, barka da aiki. Na kammala labarina a waya, na tura wa mai buga takardu fayil ɗin. Da ya buɗe a kwamfutarsa, duk inda na sa ƙ sai ta zama Æ™, ɗ kuma ta zama É—. Ya ce wayata ce ke da bairos. Haka ne?

Amsa: 'Yar'uwa, wayarki lafiyarta ƙalau. Kwamfuta ba haruffa take ajiyewa ba, lambobi take ajiyewa, kuma akwai tsarin da ke faɗa mata wace lamba ce wane harafi. Wayoyin yanzu da tsarin UTF-8 suke aiki. A wannan tsarin, harafi irin a ko b gurbi ɗaya yake ci, amma masu lanƙwasa, wato ɓ, ɗ, ƙ da ƴ, gurbi biyu kowannensu yake ci. Kwamfutar mai bugawa ta karanta fayil ɗinki da tsohon tsarin Windows-1252, wanda yake ɗaukar kowane gurbi a matsayin harafi mai zaman kansa. Shi ya sa ƙ guda ɗaya ta rabe biyu ta zama Æ da ™. Da kin duba da kyau za ki ga ɓ ma ta koma É“.

Abu na farko, kada ya adana fayil ɗin a wannan halin. Ya rufe, ya sake buɗewa ta cikin Word, idan ta tambaye shi tsarin da zai karanta da shi ya zaɓi Unicode UTF-8. Nan take haruffan za su dawo. Idan kuwa ya riga ya adana, ba a rasa komai ba tukuna: a yi amfani da umarnin nema da musanyawa, a mayar da duk Æ™ ta zama ƙ, É— ta zama ɗ, É“ ta zama ɓ, sannan a bi manyan haruffan da ido. Mafi sauƙi dai ki sake tura masa asalin da ke wayarki, a matsayin docx ko PDF, don waɗannan ba sa barin kwamfuta ta yi ta canki-canka.

Akwai wasu alamu biyu da ake rikita su da wannan. Idan kika ga ƙananan akwatuna a gurbin haruffan, rubutun bai lalace ba, samfurin harafin da aka zaɓa ne ba shi da zanen ƙ da ɗ. A sauya zuwa Noto Sans ko Charis SIL ko Andika, za su fito. Amma idan alamar tambaya kika gani, kamar ?asa a maimakon ƙasa, to an adana fayil ɗin da tsarin da bai san haruffan ba, ya zubar da su. Wannan kam ba ya gyaruwa sai an koma ga asali, ko a zauna a bi kalma bayan kalma, don alamar ba za ta gaya miki ƙ ce ko ɗ ce ta tsaya a wurin ba.

Tunda magana ta zo, masu tsofaffin fayiloli da ke ganin }asa da ]aya da ~arna, wannan gadon tsofaffin samfuran haruffan Hausa ne irin su Rabi'at, waɗanda suka ɗora masu lanƙwasa a kan maɓallan wasu alamomi tun kafin Unicode, wato tsarin da ya ba kowane harafi lambarsa, ta wadatu. Sun yi mana aiki a zamaninsu. Yau nema da musanyawa ne maganin irin waɗannan fayiloli.

Tambaya daga wani ɗalibi a Zariya: Malam, ina tsakiyar rubuta aikin makaranta aka kira ni. Bayan na gama waya na leƙa WhatsApp, da na dawo sai na tarar da shafi fari. Wani abokina ya ce in danna Clear data manhajar za ta gyaru. Na danna, yanzu har tsofaffin rubuce-rubucena babu. Akwai dabara?

Amsa: Ɗan'uwa, sai haƙuri, domin ɓarna biyu ce ta same ka, kuma ta biyun ta fi ta farko muni.

Ta farko daga tsarin Android take. Abin da kake bugawa yana zaune ne a ƙwaƙwalwar wucin gadi ta waya, wato RAM, har sai an adana shi. Idan ka fita zuwa wata manhaja kuma wurin ya yi ƙaranci, Android kan kashe wadda ka bari a baya don ta samar wa ta gaba wuri. Wayoyi masu RAM na 2GB ko 3GB sun fi fama da wannan, kuma tsarin tattalin batir da wasu kamfanoni ke ƙarawa yana ƙara zafin abin. Manhajar kirki tana adana rubutu da kanta kafin a kashe ta. Wadda ba ta yin haka, a ganina, ba ta cancanci a damƙa mata aikin makaranta ba, komai kyan fuskarta. Ka shiga saitin manhajar ka kunna adanawa ta kai tsaye idan tana da ita, sannan a saitin batir ka cire ta daga jerin waɗanda ake takurawa.

Ta biyu ita ce shawarar abokinka. Clear cache shara ce kawai, tana kwashe tarkacen da manhaja za ta iya sake samarwa. Clear data kuwa mayar da manhaja take yi kamar yau aka sauke ta, duk abin da ta ajiye a cikinta ya tafi. Haka ma idan ka goge manhajar gaba ɗaya. Manhajojin ajiye ɗan rubutu da yawa a cikin kansu suke ɓoye abin da ka rubuta, ba a foldar da kake gani ba, kuma tun daga Android 11, da ya fito a 2020, an ƙara toshe hanyar shiga foldar Android/data. Don haka manhajojin da ke tallan dawo da abin da aka goge ba kasafai suke tsinana komai a nan ba. Kada ka biya kowa kuɗi a kan wannan alkawarin.

Inda za ka duba: ka sake shiga manhajar da asusun da ka yi rajista da shi, idan akwai, don mai yiwuwa tana da kwafi a intanet. Ka leƙa foldar Documents da ta Download. Idan Google Keep ce, abin da aka goge yana kwana 7 a kwandon shara. A Google Drive kwana 30 ne. Nan gaba ka zaɓi manhajar da ke ba ka damar ajiye fayil a foldar da kai ka zaɓa, kuma duk daren da ka yi rubutu mai yawa ka tura wa kanka kwafi ta imel.

Tambaya: Duk kalmar Hausar da na rubuta sai waya ta juya ta zuwa Turanci. Manhajar ce?

Amsa: A'a, allon madannai ne. Idan Gboard kake amfani da shi, ka shiga saitinsa ka ƙara Hausa a cikin harsuna, sannan ka kashe gyaran kalma na kai tsaye. Da ka sa Hausa za ka samu ƙ da ɗ da ɓ, ba sai ka riƙa kwafo su daga wani saƙo ba.

Tambaya daga wani malamin makaranta a Gusau: An turo min takarda ta WhatsApp, na buɗe na yi gyare-gyare, na mayar wa mai ita. Ya ce bai ga gyara ko ɗaya ba.

Amsa: Ranka ya daɗe, asalin takardar ka mayar masa. Idan aka buɗe fayil kai tsaye daga cikin hira, sau da yawa don karatu kawai yake buɗewa, ko kuma manhajar ta yi kwafi ta ajiye gyaranka a wani wuri daban. Da ka sake tura saƙon nan na cikin hira, tsohon ne ya tafi. Da zarar ka buɗe, kafin ka taɓa ko harafi ɗaya, ka danna Save as, ka ba shi sabon suna, ka ajiye a Documents, sannan daga can za ka ɗauko shi ka tura. Wataƙila ma gyaran naka yana nan. Duba jerin fayilolin da ka buɗe kwanan nan a cikin manhajar.

Tambaya daga Maraɗi: Malam, littafina ya yi tsawo, manhajar tana nauyi. Kuma idan na nemi kalmar 'ya'ya ba ta nuna min duka, alhali na san suna da yawa.

Amsa: Batun nauyi, raba littafin: kowane babi da fayil ɗinsa, ka sa musu lamba 01, 02, 03 don su jeru daidai. Google Keep ba ta wuce haruffa kusan 20,000 a rubutu ɗaya, don haka ba wurin littafi ba ce tun farko.

Batun nema kuwa, kalmar ce aka rubuta ta hanyoyi daban-daban. Ku a Nijar ƴ kuke rubutawa, mu a Najeriya 'y, kuma ita wannan alamar ta sama iri biyu ce: akwai miƙaƙƙiya da allon madannai ke bayarwa, akwai lanƙwasasshiya da wasu manhajoji ke musanya ta da ita ba tare da sun tambaye ka ba. A ido kusan ɗaya suke, amma lambobinsu daban, don haka manhajar nema na iya ɗaukarsu kalmomi uku. Ka tsayar da guda, ka musanya sauran da ita a duk babukan, sannan ka kashe Smart quotes, wato abin da ke lanƙwasa alamar da kansa, a saitin manhajar. Tunda masu karanta littafin naka mutanen Nijar ne, ƴ zan zaɓa maka, amma ka fara gwada shafi ɗaya a PDF ka tabbatar samfurin harafinka yana da ita, babba da ƙarama.