Duba Nono Duk Wata Rashin Tawakkali Ne?

Tambaya: Malam, a asibiti an koya mana mu riƙa laluba nononmu duk wata. Uwar mijina ta ce kiran cuta ne da rashin tawakkali. Kuma na jima ina jin wani ɗan ƙululu a nonon hagu, amma ba ya ciwo. Dubawar ta halatta? Tana karya alwala?

Amsa: Baiwar Allah, dubawar halal ce, kuma ba ta karya alwala. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne ƙululun da kika ambata daga ƙarshe. Tunda kin riga kin ji shi, ganin likita ya zama wajibi a kanki, cikin makon nan. Rashin ciwo kada ya kwantar miki da hankali, domin sankarar mama takan fara ba tare da zafi ba. Yawancin irin wannan ƙululu ba daji ba ne, amma gwajin asibiti kaɗai ke rarrabewa.

Maganar kiran cuta ba ta da tushe. Hannu ba ya haifar da abin da Allah bai ƙaddara ba, iyakarsa ya gano abin da ke nan. Da Sayyidina Umar ya juya daga hanyar Sham saboda annoba, Abu Ubaida ya tambaye shi ko gudun ƙaddarar Allah yake yi. Ya ce: "Muna gudu daga ƙaddarar Allah zuwa ƙaddarar Allah." Wa ya isa ya ce Umar ba shi da tawakkali? Wasu malamai sun ce barin magani ya halatta ga mai haƙuri, amma ba a ɗora wannan a kan cutar da ke kisa idan an yi jinkiri, alhali ana samun waraka idan an tare ta da wuri. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a 2022 sankarar mama ta kashe mata kimanin 670,000 a faɗin duniya.

Ki nemi likita mace. In babu, namiji ya duba gwargwadon larura, tare da mijinki ko ma'aikaciyar jinya a ɗakin. Bai halatta maigida ya hana ki ba. Ki guji sakiya da tsaga. Addu'a da ruƙiyya ki riƙe su, ki haɗa da asibiti.

Nan gaba ki riƙa dubawa 'yan kwanaki bayan ɗaukewar haila, har hammata, ki lura da jini daga kan nono ko shigewarsa ciki. Surukarki kuwa tsoro ne ya sa ta faɗi haka, ki lallaɓa ta, in ta yarda ma ku tafi tare. Allah Ya ba ki lafiya. Wallahu a'alam.