Gata ne ko ƙwazo ya ba Cody Rhodes kambun WWE?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Wata gardama ce ta ƙi ci ta ƙi cinyewa tsakanina da abokina a gidan kallon unguwarmu. Shi cewa yake, tunda kowa ya san resilin shiri ne, kamfani ke zaɓar wanda zai ci, to Cody Rhodes bai yi wata bajinta ba, gata kawai ya samu don ubansa Dusty Rhodes ne. Ni kuma ina ganin yaron ya sha wuya kafin ya kai nan. Don Allah a raba mana gardama. Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam. Abokinka bai yi ƙarya ba da ya ce shiri ne. Kafin a buga ƙararrawa, 'yan wasan biyu da alƙalin wasa duk sun san wanda za a ɗaga wa hannu. Inda ya kauce hanya shi ne zaton da yake yi cewa kamfani na raba kambu ne kamar goron biki. Kambun duniya a WWE, babban kamfanin resilin na Amurka, jari ne. Wanda aka ɗaura wa, fuskarsa ce za ta sayar da tikiti da riguna, ita za a kai wa gidajen talabijin a ce ku biya. Ɗan kasuwa ba ya ɗora wannan kaya a kan mutum don kawai yana jin nauyin ubansa. Kuma akwai abu guda da masu tsara wasa ba su iya rubutawa: ihun 'yan kallo. Za su iya cewa wane ne jarumi, wane ne bos, amma mutum dubu ashirin da ke cikin zauren su ke yanke hukuncin ƙarshe.

Sunan uba yana buɗe ƙofa, wannan babu musu. An haifi Cody a 1985, ya yi kokawa ta gaske a makarantar sakandare, har ya ci gasar jihar Jojiya sau biyu, 2003 da 2004. A 2006 ya shiga makarantar horon WWE da ake kira OVW, kuma zuwa Yulin 2007 har ya fara fitowa a shirin Raw yana da shekara 22. Akwai waɗanda suka yi shekara goma suna faɗuwa a kan katako a ƙananan zaurukan ƙauye ba su ko leƙa wannan ƙofa ba. A nan kam abokinka ya ci maki.

To amma a duba waɗanda suka shiga ta wannan ƙofar tare da shi. A 2008 aka haɗa shi da Ted DiBiase ƙarami da Randy Orton a wata ƙungiya mai suna Legacy, wato gado, kuma duk abin da suke taƙama da shi ke nan, su 'ya'yan manya ne. A lokacin da yawa daga masu sharhi DiBiase suke hasashe wa ɗaukaka, don ya fi Cody jiki da kamannin tauraro. A 2013 ya bar kamfanin bai taɓa riƙe babban kambu ba. Joe Hennig, ɗan Mr. Perfect, ya yi shekaru yana wasa da sunan Curtis Axel, aka sallame shi a 2020. David Flair ubansa Ric Flair ne ya miƙa masa kambun Amurka da hannunsa a cikin labarin kamfanin WCW na 1999, bai hana 'yan kallo gane cewa bai iya ba. Ko David, ɗan Bruno Sammartino, wanda ya yi wasa a WrestleMania ta farko, babban bikin wasan WWE na shekara-shekara, a 1985 ubansa na tsaye a kusurwarsa, yau sai tsofaffin masu kallo ke tuna shi. Ana cewa barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, amma a resilin mun ga masu rarrafen da yawa.

Kafin ka fahimci nauyin da Cody ya ɗauka, sai ka san wane ne uban. Dusty Rhodes, wanda ake wa laƙabi da Mafarkin Amurka, ba shi da jikin 'yan resilin ko kaɗan. Ƙaton tumbi, goshi duk tabon yanka, harshe da 'yar tsamiya. Amma in ya riƙe makirufo sai zaure ya yi tsit. Yakan kira kansa ɗan mai gyaran famfo, talakan Amurka kuwa ya ji kamar ɗan'uwansa ne ke magana. Sau uku ya riƙe kambun duniya na ƙungiyar resilin ta NWA, a 1979 da 1981 da 1986. Irin wannan baiwa ba a gadonta kamar gona. Cody ya taso siriri, kyakkyawa, mai tsaf-tsaf, ba abin da ya ɗauko na uban a zahiri. Da ya ce zai kwaikwayi maganar Dusty da rawarsa, da dariya za a yi masa.

Shi ya sa shekarunsa tara na farko a WWE suka zama na lalube. An mai da shi ɗan gaye mai duba madubi yana koya wa mutane gyaran gira. Da Rey Mysterio ya fasa masa hanci a farkon 2011, sai ya koma sa abin rufe fuska na roba, yana raba wa 'yan kallo jakar takarda su rufe munanan fuskokinsu. Ni a ganina wannan ne aikinsa mafi kyau a wancan zango, kuma ya kai shi ga riƙe kambun Intercontinental, wanda ke ƙasa da na duniya, na kwana 236. A Oktoban 2013 shi da yayansa Dustin, wanda aka fi sani da Goldust, suka doke Roman Reigns da Seth Rollins uban nasu na gefen dandamali, zauren kamar zai tsage. Kowa ya ce to yanzu za a ɗaga shi. Sai a 2014 aka shafe masa fuska da fenti, aka sa masa matsattsun kaya masu tauraro, aka ce sunansa Stardust, yana huci kamar kyanwa. Wato maimakon inuwar uba, aka tura shi inuwar wa, don Goldust ne aka sani da shafa fenti.

Dusty ya rasu ran 11 ga Yunin 2015. A lokacin yana koyar da matasa a NXT, sashen horon WWE, kuma manyan kamfanin suna girmama shi ƙwarai. In da gata ke ba da kambu, ai wannan ce ranar, ga tausayi ga suna. Ba a ba shi ba. Cody ya ci gaba da shafa fenti kusan shekara guda bayan rasuwar. Shi da bakinsa ya ce ya fi wata shida yana roƙon a cire masa wannan riga, ba a saurare shi ba. A Mayun 2016 ya nemi a sallame shi, aka sallame shi.

Ga abin da nake so ka kai wa abokinka. Da ya fita, WWE ce ke da rajistar sunan "Cody Rhodes" a matsayin alamar kasuwanci, don haka a shirye-shiryen talabijin na wasu kamfanoni "Cody" zalla ake kiransa, har zuwa 2020 da sunan ya dawo hannunsa. Shekarun da ya gina kansa, ya gina su ne babu sunan gidan a kan allo. Ya rubuta jerin 'yan wasan da yake son karawa da su ya sa a Twitter, ya shiga zagaye ƙananan zauruka, ya je Ingila, ya je Japan ya shiga ƙungiyar Bullet Club. A nan ya juya laƙabin uban ya kira kansa Mugun Mafarkin Amurka, ya rina gashi fari, ya koma sa kwat da laktaye kamar ɗan mai kuɗin da ya raina kowa. A Yunin 2017 ya doke Christopher Daniels ya ɗauki kambun duniya na kamfanin ROH.

Sai maganar wasan da aka sa wa suna All In. Wani fitaccen ɗan jaridar resilin, Dave Meltzer, ya amsa wa wani a Twitter cewa ROH ba za ta iya cika zauren mutum dubu 10 ba nan kusa. Cody ya ce ya karɓi cacar. Shi da 'yan'uwan nan biyu, Young Bucks, suka shirya wasa ran 1 ga Satumban 2018 a wajen birnin Chicago. Tikiti ya ƙare cikin ƙasa da minti 30, mutum 11,263 suka shiga. Tun farkon shekarun 1990 ba a ga wani wasa a Amurka da ba na WWE ko WCW ba ya tara haka. A daren ya doke Nick Aldis ya ɗauki kambun NWA, wanda ubansa ya riƙe, suka zama uba da ɗa na farko da suka yi hakan. Wannan taro ne ya share hanyar kafa kamfanin AEW a Janairun 2019 da kuɗin gidan su Tony Khan, Cody yana cikin mataimakan shugaba. A wasan farko na kamfanin ya ɗauki guduma ya farfashe wata karagar mulki da kowa ya san habaici ce ga Triple H, ɗaya daga cikin shugabannin WWE, sannan ya kara da Dustin, jini ya wanke fuskar yayan har da ƙyar yake gani, suka ƙare da runguma suna kuka.

Ba zan ɓoye maka aibinsa ba. A AEW ya ɗaure kansa da kansa: ya yi alkawarin in Chris Jericho ya doke shi a Nuwamban 2019 ba zai sake neman kambun duniya na kamfanin ba, aka kuma doke shi. Yana gudun a ce shugaba ya ba kansa kambu ne, zargin da aka sha yi wa ubansa lokacin da yake tsara wasanni. Wannan ya bar shi yana shawagi a tsakiya. Zuwa 2021 'yan kallon da ya tara da hannunsa sun koma yi masa ihun "ba ma so", suna ganin ya cika son a yabe shi, shi kuma ya ƙi yarda ya koma bos. Ga zanen nan da ya yi a wuya, wanda har gobe ban ga kyansa ba. A Fabrairun 2022 ya bar kamfanin da ya taimaka aka kafa.

Da ya koma WWE a WrestleMania ta 38, ran 2 ga Afrilun 2022, ya koma da laƙabinsa da kiɗansa da kayansa na waje, ba a taɓa ko zare ba. Wanda ya san al'adar Vince McMahon, shugaban WWE na lokacin, ta sauya wa mutane suna da kamanni ya san wannan ba ƙaramin abu ba ne. Kwana biyu bayan haka ya tsaya a Raw ya nuna wani hoto na 1977: Dusty a zauren Madison Square Garden na New York, ya ɗaga kambun kamfanin sama bayan ya yi nasara a kan Superstar Billy Graham. Sai dai nasarar ta ƙidaya ce, Graham yana wajen dandamali aka ƙirga, kuma a ƙa'ida kambu ba ya sauya hannu ta haka. Aka karɓe daga hannun Dusty, har ya mutu bai riƙe shi ba. Cody ya ce abin da ya dawo da shi ke nan. Ka ga yadda ya yi amfani da gadon. Bai ce a ba ni don ni ɗan wane ne ba, wanda shi ne abin da ya sa aka yi wa The Rock ihu a 1997 lokacin yana Rocky Maivia. Cewa ya yi akwai bashin da ubana ya mutu yana bi. Kowa ya san zafin wannan, ko bai taɓa ganin wasan Dusty ba.

Game da "ai shiri ne", ka sa abokinka ya nemi wasan Hell in a Cell na 5 ga Yunin 2022. Kwanaki kafin wasan tsokar ƙirjin Cody ta dama ta tsinke daga ƙashi yana ɗaga ƙarfe. Ya shigo, ya cire riga a hankali, sai ga rabin ƙirji har zuwa damtse ya yi baƙi-baƙi da shuɗi kamar an zuba masa baba. Zauren ya yi shiru, har masu sharhi suka rasa ta cewa. Ya yi fiye da minti 20 a cikin keji da Rollins, kusan da hannu ɗaya, sannan aka yi masa tiyata ya yi wata bakwai yana jinya. Likita zai ce ganganci ne, ni ma ban musa ba. Amma daga wannan dare ba wanda ya sake tuna Stardust.

Duk da haka ba a miƙa masa ba. Ya ci Royal Rumble ta 2023, gasar da ke ba mai nasara damar neman kambu, kowa ya sa rai, Roman Reigns mai riƙe da kambun ya doke shi a WrestleMania ta 39 da taimakon Solo Sikoa. Ya sake cin Rumble a 2024, sai ga The Rock ya dawo, aka sa Cody ya ja da baya ya bar masa wasan da Reigns. Lura da kyau, ɗan gadon da ya fi kowa ƙarfi, wanda a lokacin ya shiga majalisar daraktocin kamfanin da ya mallaki WWE, shi aka so a fifita. 'Yan kallo suka tada ƙayar baya a zauruka da intanet suna cewa Cody suke so, cikin mako guda aka juya labarin, The Rock ya koma bos. Ran 7 ga Afrilun 2024 a Filadelfiya Cody ya doke Reigns, ya kawo ƙarshen mulkin kwana 1,316, ya miƙa kambun ga mahaifiyarsa Michelle a tsakiyar dandamali. Mai tsara labarin a lokacin kuwa Triple H ne, wanda aka farfashe wa karaga shekara biyar baya.

Kada ka manta shi ma Reigns ɗin ɗan gado ne, ɗan Sika na Wild Samoans, kuma shekara da shekaru kamfani na tura shi a matsayin jarumi ana yi masa ihu, sai da ya koma bos a 2020 aka karɓe shi. Don haka in ka koma gidan kallo, ka ba abokinka 2007, nasa ne, ba gardama. Daga 2016 zuwa sama kuma ka riƙe abinka. In ya ƙi yarda, ka tambaye shi ina Ted DiBiase ƙarami yake.