Enzayim mai aiki da ƙarfe iri biyu, da abin da masu tallar ƙwayoyi suka mayar da shi

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗaliba ce a sashen bayokemistiri, ina rubuta furojet na kammala digiri a kan SOD na bakteriya, wato enzayim (furotin mai hanzarta aikin sinadarai a cikin sel) da ke kawar da sufa-oksaid, wani sinadari mai illa da ke fitowa daga oksijin. Na rubuta cewa SOD mai ayon (baƙin ƙarfe) da SOD mai manganis na bakteriyar E. coli "cambialistic" ne, sai malamin da ke duba aikina ya ja masa jan biro, ya rubuta "a'a" kawai. Ina kuskurena yake? Abu na biyu shi ke hana ni barci. Mahaifiyata ta kai wata takwas tana shan zink, miligiram 50 safe da yamma, don wani mai talla a intanet ya ce enzayim na jiki suna sauya ƙarfe, duk wanda aka ba su sai su ƙara ƙarfi. Yanzu ƙafafunta suna sagewa, tana kuma yawan gajiya.

Amsa: Wa alaikumus salam 'yata. Furojet zai iya jira, Mama ba za ta jira ba. Ki sa ta ajiye ƙwayar nan yau, ki kai ta ga likita cikin makon nan. Dalilin yana tafe, kuma yana da alaƙa da jan biron malaminki fiye da yadda kike zato.

Malaminki ya yi daidai, sai dai da ya ƙara layi ɗaya na bayani da ya rage miki wahala. SOD mai manganis na E. coli daga ƙwayar gado ta sodA ya fito, mai ayon kuwa daga sodB. Furotin biyu ne daban masu aiki ɗaya, sunansu aisozayim. Kambiyalistik kuwa furotin ɗaya ne tak, daga ƙwayar gado ɗaya, wanda in ka ɗora masa ayon ya yi aiki, in ka ɗora masa manganis ya yi aiki. Kalmar ta shigo fagen ne a 1986, a rahoton SOD na Streptococcus mutans, bakteriyar da ke cin haƙori. Akwai irinsa a Propionibacterium shermanii da Porphyromonas gingivalis da Bacteroides fragilis. Haka naitirojines (enzayim mai sarrafa naitirojin na iska) mai molibdinam da mai banadiyam da mai ayon zalla a Azotobacter vinelandii ba su shiga wannan suna ba, don kowanne da ƙwayoyin gadonsa.

Sharaɗin shi ne aiki, kuma a nan ɗalibai suke zamewa. Kama ƙarfe daban, aiki da shi daban. SodA da SodB, wato furotin ɗin sodA da sodB, suna kama ƙarfensu da histidin uku da asfatet ɗaya (tubalan ginin furotin ne) da ƙwayar ruwa, siffarsu kusan ɗaya, kuma kowanne zai kama ƙarfen ɗan'uwansa in an ba shi. Amma da zarar ayon ya zauna a gurbin manganis, aikin enzayim ya kusa mutuwa murus. Takalmi ya shiga ƙafa, gudu ne ba zai yiwu da shi ba. Masaniyar kimiyya Anne-Frances Miller da abokan aikinta sun nuna dalili tun ƙarshen shekarun 1990. SOD yana karɓar elektiron daga sufa-oksaid ɗaya ya miƙa wa na biyu, don haka dole ƙarfin jan elektiron na ƙarfen ya tsaya tsakanin bolt -0.16 da +0.89, wajen 0.36 in so samu ne. Ayon da manganis ba su tashi da ƙarfi ɗaya ba, furotin ne ke saita kowanne, musamman ta wani gulutamin (shi ma tubalin furotin ne) da ke zaune a zagaye na biyu daga ƙarfen, lamba 69 a SodB, lamba 146 a SodA. Saitin da ya kawo manganis daidai, shi ne ke jefa ayon ƙasa da inda zai yi amfani. Kambiyalistik ya tsaya a tsaka-tsaki, kuma sau da yawa yana biyan kuɗin haka da raguwar sauri.

In za ki yi amfani da kalmar a furojet, ki kawo awon aiki da kowane ƙarfe daban, ki faɗi pH ɗin (ma'aunin tsami) da kika yi awon a kai, don aikin mai ayon yakan sauya da shi. Ki kuma yi hattara da gwajin jel. Kin san yadda yake: a rina jel da sinadaran NBT da ribofilabin, a haska shi, ya koma shuɗi, inda SOD yake ya bar farin layi. Mun saba cewa layin da haidirojin feroksaid kaɗai ya goge mai ayon ne, wanda sayanaid ya goge mai jan ƙarfe da zink ne, wanda ya tsira mai manganis ne. Wannan gwaji yana nuna ƙarfen da ke ciki a ranar ne kawai. Bai gaya miki ko furotin ɗin zai iya aiki da ɗayan ba.

Abin da ya fi burge ni a wannan fage shi ne Staphylococcus aureus, bakteriya mai haddasa ƙurji. Fararen ƙwayoyin jininmu suna zuba furotin mai suna kalfurotektin a wurin ƙurji, ya kwashe manganis da zink don ya kashe ƙwayar da yunwa. SodA nata sai da manganis, sai ya tsaya. Amma tana da na biyu, SodM, wanda ke komawa ga ayon ya ci gaba. A 2017 aka nuna haka. Akwai kuma wani ɗan tsiron teku, Thalassiosira weissflogii, wanda wani enzayim nasa, kabonik anhaidires, ke aiki da kadmiyam in zink ya yi ƙaranci a ruwa.

To ki duba jerin nan da kyau, 'yata. Bakteriya ne da ɗan tsiron teku. Mutum fa? SOD ɗinmu uku ne: SOD1 da SOD3 masu jan ƙarfe da zink, da SOD2 mai manganis na mitokondiriya, sashen sel mai samar da makamashi. Babu kambiyalistik ko ɗaya. SOD2 in ya kama ayon aikinsa ya lalace. Wannan mai talla ya tsinci kalma a takardar da bai karanta ba, ya liƙa ta a jikin kwalba. Ban san sau nawa zan faɗa ba: enzayim yana da gurbi ƙidayayye, in gurbin ya cika ya cika. Ƙarin ƙarfe ba ya ƙara masa sauri ko da ƙwayar zarra, sai dai rarar ta tafi neman gurbin da ba nata ba. Tun wajen 1950 masana kimiyya Irving da Williams suka jera yadda ƙarafan nan ke riƙo: manganis ya fi rauni, sai ayon, kobalt, nikel, jan ƙarfe a ƙololuwa, zink na biye da shi. Wato in aka bar su su yi kokawa, masu ƙarfin riƙo za su ture masu rauni daga gurbinsu. Shi ya sa sel ke tsare jan ƙarfe da zink, ba ya barin su yawo sakaka, har yana da furotin na musamman, CCS, mai ɗaukar jan ƙarfe ya kai wa SOD1 hannu da hannu. Gubar dalma ma haka take ɓarna: ta ture zink daga enzayim ALAD, haɗa jini ya tsaya. Wannan shi ne "sauya ƙarfe" a jikin ɗan Adam, kuma a asibiti guba muke kiransa.

Ga abin da nake tsoro game da Mama. Mace baliga tana buƙatar zink miligiram 8 a rana, namiji 11, iyakar da hukumomin lafiya na Amurka suka sa kuwa 40 ce. Ita tana shan 100. Zink mai yawa yana sa sel na hanji su ƙera metalotayonin, wani furotin mai kama ƙarafa, da yawa, shi kuma ya fi son jan ƙarfe, sai ya kama na abinci ya riƙe. Bayan 'yan kwanaki sel ɗin su zube, su fita da shi a bayan gida. Dabarar tana da ƙarfin da likitoci ke amfani da ita da gangan wajen masu cutar Wilson, waɗanda jan ƙarfe ya yi wa yawa. A jikin mai lafiya kuwa, wata da watanni, ajiyar jan ƙarfe ta ƙare. Serulofilasmin, furotin na jini mai jan ƙarfe da ke taimaka wa ayon fitowa, ya faɗi, ayon ya kasa fitowa daga ma'ajiyarsa, sai ƙarancin jini wanda ƙwayar ayon ba ta gyarawa. Fararen ƙwayoyin jini su ragu. Laka da jijiyoyi su taɓu, ƙafa ta sage, tafiya ta koma tangaɗi, kamar mai ƙarancin bitamin B12. An ga haka har a tsofaffi masu yawan shafa man liƙa haƙoran roba mai zink. Kuma SOD1 ɗin da aka ce ana ƙarfafawa, jan ƙarfe ne ke yi masa aikin, zink riƙe siffa kawai yake yi. An kashe shi da yunwa da sunan ciyar da shi.

Ban ce zink ba magani ba ne. Yaro mai gudawa ana ba shi miligiram 20 na kwana 10 zuwa 14, a tsaya. Akwai awo, akwai ranar dainawa. Mai talla ba ya faɗin ranar dainawa, don ranar ce cinikinsa ke tsayawa. Irinsu ne ke sayar da SOD a kafso, alhali furotin ne, ciki zai narkar da shi kamar kowane furotin. Ku ji tsoron Allah, ku da kuka karanta kimiyya kuke ara wa waɗannan mutane kalmomi a kan kwamisho.

Ni ban ga Mama ba, kuma sagewar ƙafa tana da dalilai da yawa, ciwon suga da ƙarancin B12 suna gaba. Ki tafi da kwalbar a hannu, ki faɗa wa likita awo da tsawon lokaci, don ba kowa ke tambayar abin da aka saya a intanet ba. A duba ƙidayar jini, da jan ƙarfe da serulofilasmin da zink na jini, da B12 da suga. Kada ki sayo mata ƙwayar jan ƙarfe da kanki. Jini yakan dawo daidai cikin makonni in an gyara, jijiya kuwa ba kullum take dawowa duka ba, shi ya sa na ce makon nan. Allah Ya ba ta lafiya.