Amsa ga mai tambaya kan ɗaukar dokumentari shi kaɗai

Ɗan'uwa, ka tambaya ko mutum ɗaya zai iya haɗa dokumentari ba tare da tawaga ba. Zai iya, amma kuɗin da bai biya ma'aikata ba zai biya shi da lokaci. Na daɗe a wannan sana'a, kuma wanda nake nuna wa yarana kullum shi ne Gianfranco Rosi, ɗan Italiya haifaffen Asmara, wanda ya yi karatun fim a New York.

Shi ne darakta, shi ke riƙe kyamara, sau da yawa har sauti shi ke ɗauka. Ya fara da Boatman a 1993, kan wani mai tuƙa kwalekwale a kogin Ganges na Indiya. A 2013 fim ɗinsa Sacro GRA, labarin mazauna gefen titin da ya zagaye birnin Rum, ya ci babbar lambar bikin fina-finai na Venice, abin da dokumentari bai taɓa yi ba kafinsa.

Wanda ya kamata ka zauna ka kalla shi ne Fuocoammare, da ya ci babbar lambar Berlin a 2016. Rosi ya tare a tsibirin Lampedusa na Italiya kusan shekara guda, inda 'yan ci-rani ke sauka daga Libiya. Babu mai sharhi, babu zaman tambaya da amsa. Sai yaro Samuele da danƙonsa na harbin tsuntsu, sai likita Pietro Bartolo, sai wani ɗan Najeriya yana rera wahalar Sahara da kurkukun Libiya. Da mutum goma ya shigo da fitilu, wallahi ba zai sami wannan ba. Ni ma na lura mutane ba sa sakin jiki sai sun gaji da ganina, sun daina gyara hula idan na ɗaga kyamara.

Ba duk aikinsa ne ya gamsar da ni ba. Notturno na 2020, da ya ɗauka a iyakokin Iraki, Siriya da Lebanon, hotonsa ya yi kyau fiye da yadda baƙin cikin wurin ke buƙata.

Tacewa kuwa kada ka yi ta kai kaɗai. Shi kansa Rosi shekaru ya yi yana kai wa mai tace fim Jacopo Quadri. Kuma kafin sabuwar kyamara, ka fara sayen makirufo mai kyau.