Re: Me ya kayar da Rimi a zaben 1983?

Malam ka tambaya wai ya akai Abubakar Rimi da duk farin jininsa ya fadi zaben gwamnan Kano a 1983, to ai rikicin cikin gida ne ya cinye shi. A 1979 a PRP ya ci, jam'iyyar Malam Aminu Kano, yana hawa ya soke haraji da jangali, talaka ya ji dadi sosai wallahi. Amma da shi da Balarabe Musa na Kaduna suka rika zama da gwamnonin jam'iyyun UPN da GNPP, uwar jam'iyya ta ce a daina suka ki, shikenan PRP ta dare biyu, 'yan santsi bangaren Rimi, 'yan tabo suna tare da Malam, kuma hukumar zabe ta lokacin, FEDECO, bangaren Malam Aminu ta yarda da shi.

Dole Rimi ya sauka ya koma jam'iyyar NPP ta Zik (Nnamdi Azikiwe), mataimakinsa Abdu Dawakin Tofa ya karasa wa'adin. Ga rigimar takardar tuhumar da gwamnatinsa ta aika wa Sarki Ado Bayero a 1981, mutanen birni basu manta ba. Sannan Malam ya rasu a Afrilu 1983, jama'a na cikin jimami suka dangwala wa mukulli, alamar PRP, dan takararta Sabo Bakin Zuwo ya haye. Shi ma wata uku kacal yayi sojoji suka kwace.